Sawun Shanun Jingina

Ranar Juma'ar da mutanen Tungar Atu suka tashi da murnar ruwan farko, a shekarar da ta biyo bayan samun mulkin kai, ranar ce aka iske turakun Sama'ilu biyu wayam. Igiyoyin suna nan yashe a ƙasa. Ba yanke su aka yi ba, warware ƙullin aka yi a natse. Jatau ja da Bokolo fari, shanun noman da duk ƙauyen ke tinƙaho da su, domin su kaɗai ne masu jan garma daga nan har bakin Tambuwal, sun yi ɓatan dabo. Mai shanun ma ba ya gida. Matarsa ta ce tun jiya da la'asar ya fita, bai faɗi inda za shi ba.

Kafin hantsi ya ɗaga ƙauyen ya rabu biyu. Rabi suka ce Fulanin da suka sauka bakin burtali shekaranjiya ne, rabi suka ce ai ba sai an je nesa ba, Sama'ilu ne ya saci kansa. Kowa na faɗin nasa yana zagaya turakun, yana tattake ƙasar da ruwa ya gyara.

A haka Halliru Ɗangiwa ya same su. Tsohon maharbi ne, gajere, busasshe, sunan kawai ya ɗauko na giwa. Shekara talatin yana bin sawu, na ɓarawo da na dabba, kuma duk wanda ya san shi ya san ƙafar mutum yake fara duba kafin fuskarsa. Abin da ba shi da shi ko na kwabo shi ne haƙuri da taron jama'a.

"Ku ja baya!" ya daka musu tsawa. "Ɓarawo ya bar min wasiƙa, kun zo kuna ta rawa bisanta. Dut wanda yaƙ ƙara taku ɗaya, sawunai za ni kai ma alƙali."

Aka watse kamar an zuba wa kaji ruwa. Mutum ɗaya ce ba ta gusa ba, wata mace doguwa mai kimanin shekara hamsin, hannuwanta duk kanta saboda jan guga. Ruƙayyatu ce, yayar Sama'ilu, wadda mijinta ya rasu ya bar mata 'ya'ya huɗu, ubanta kuma ya bar mata wata 'yar fadama mai rijiya a bakin rafi. Da albasar wannan fadama ta ciyar da su har suka kawo ƙarfi.

"Baba Halliru," ta ce, "ba shanu anka sace ba. Fadamata anka sace."

Halliru ya san zancen, kamar yadda kowa ya sani. Shekara biyu da suka wuce Sama'ilu ya karɓi shanun da garma bashi a hannun Shaihu Dogo, wani mai sayen gyaɗa a Tambuwal, a kan fam talatin da shida. Shanun su ne jingina. Shaihu ya ce bai yarda ba sai da mai lamuni, Ruƙayyatu ta dangwala yatsa ta tsaya wa ƙanenta. Sama'ilu ya biya fam goma sha huɗu, sannan gyaɗar bara ta ƙi. Shaihu ya kai ƙara, alƙali ya ce ranar Litinin mai zuwa a kawo shanun a yi musu kuɗi a biya shi.

Liman, wanda aka yi yarjejeniyar a gabansa, ya matso yana jan gemu.

"Abin da shari'a tac ce a fili shike," in ji shi. "Muddin mai cin bashi na nan, kuma jingina na nan, mai bin bashi ba shi da hanya zuwa ga mai lamuni. Sai an ƙare da kayan Sama'ilu kana a waiwayi Ruƙayyatu. To amma in jingina ta ɓace, shi ko Sama'ilu ba shi da komi sai garma da rumbu wofi…"

"Sai a faɗo kaina," Ruƙayyatu ta ƙarasa masa. Idonta ya kaɗa. "Ni nig goye shi, Baba Halliru. In shi yay yi min wanga aiki, ka gano min, in san ba ni da ƙane. In ba shi na ba, ka gano min shanun kafin Litinin."

"Kwana ukku," Halliru ya ce. Ya durƙusa a gaban turakun.

Ya daɗe a nan. Inda dabba ke tsayuwa kullum, nan ne take rubuta sunanta. A turken gabas ya ga kofato mai faɗi, cikakke, na Bokolo. A na yamma ya ga wanda bai kai shi girma ba, kuma a ƙafar baya ta hagu gefen kofaton ya ɓantare, yana barin wata 'yar tsaga a ƙasa. Ya haddace su, ya miƙe, ya bi bayan danga inda 'yan kallo ba su kai ga ɓatawa ba.

*

Sawun ya fita ƙauye ta kudu, ya miƙe tsaf har burtali, hanyar da makiyaya ke bi da garkensu. Can ya nutse cikin sawun shanu sun fi ɗari. Wanda ya yi wannan ya yi tunani, Halliru ya yarda da haka, amma bai yi tunanin Halliru ba.

Tun kafin burtalin akwai abu biyu da suka tsaya masa a rai. Na farko, sawun mutumin, takalmin taya irin na kowa, yana bisa sawun shanun ne, wato a baya yake yana kora su. Na biyu ya fi ba shi mamaki. Dabba biyu in suna tafiya sukan haɗu su rabu, wannan ta tsaya ta ci ciyawa, waccan ta wuce. Waɗannan kuwa tazarar da ke tsakaninsu ba ta canja ba. Ya yanko kara ya gwada a wuri biyar, duk ɗaya.

Rugar tana can gefen burtali. Ya iske maza a tsaitsaye da sanduna, domin labari ya riga shi zuwa cewa samarin Tunga na shirin zuwa bincike. Babbansu, Arɗo Atiku, ya tare shi da fuska a murtuke.

"Kun zo ƙirga shanunmu?"

"Ni kaɗai niz zo, Arɗo, kuma ban iya ƙirga ba. In za ka tashi da shanunka, ina kaka tsayawa?"

Arɗo ya dube shi kamar ya tambaye shi ina rana ke fitowa. "Gaba mana. In kira su, su biyo ni."

"To ɓarawona baya shika tsayawa. Ku aje sandunanku."

Sai aka shimfiɗa masa buzu. Matar Arɗo, Inno, ta kawo masa nono a ƙwarya, ta tsaya daga gefe tana sauraro, can ta sa baki. Ta ce da asuba ta fito tatsa, ta hangi mutum ya ratsa burtali da bijimai biyu, ya yi hanyar Kebbe. Dogo ne ko gajere ba ta iya cewa ba, gari bai waye sosai ba, kuma ya ja amawalin rawaninsa har hanci.

"Ban ɗauka ɓarawo na ba," ta ce. "Na ce manomi na, ya yi sammakon gona. Ai da itacen nan bisa wuyansu, wanda kuka ɗaure su da shi kamar bayi."

Halliru ya ajiye ƙwaryar. Karkiya ke nan. Shi ya sa tazarar ba ta canja ba.

Ya koma burtalin ya bi gefen kudu a sunkuye har ya tsinci 'yar tsagar nan ta fita daga cikin tarin sawu. Ya bi ta kamar tafiyar rabin sa'a. Jatau na dama, Bokolo na hagu. Amma tafiyar ba ta yi masa kama da ta shanun da suka saba aiki tare ba. Bokolo na miƙewa sumul, Jatau kuwa sai ya yi ta faɗa wa abin da ke gefensa. Nan ya yi karo da kututture, can ya kutsa cikin sarƙaƙiya ya bar jan gashi da ɗigon jini a ƙaya. Sau bakwai Halliru ya ƙirga, duk a gefen dama. Daga nan ya juya ya koma Tunga, yana masifa shi kaɗai a kan tafiyar da zai maimaita gobe.

*

Sama'ilu ya dawo da azahar, kuma da ƙyar mai gari ya ƙwace shi daga hannun jama'a ya sa shi a zaurensa. Halliru bai fara da shi ba. Ya biya gidan Sama'ilu tukuna, ya leƙa rumfar da ake ajiye garma. Ga karkiyar nan a rataye, har gizo-gizo ya yi saƙa tsakaninta da ginshiƙi.

A zaure ya sami Sama'ilu zaune ya haɗa kai da gwiwa, rigarsa a yage.

"Ina kak kwana?"

Sama'ilu ya ƙara cusa kai cikin gwiwa.

"Yaro, ban da lokacin kunya. Fadamar yayarka ta ka tafiya."

"Jabo," Sama'ilu ya ce a hankali. "Gidan surukina. Na tafi roƙon ya ranta min ko fam biyat in rage, kar a sai da shanun duka. Ya bar ni zaune har dare, kana yac ce ba shi da shi. Ƙaƙa za ni faɗi wanga a gaban mutane?"

"Yayarka ta ji?"

"Ta zo nan. Ba ta bari na buɗe baki ba. Ta ce in shanun ba su fito ba, ko gawarta kar in raka." Ya share ido da bayan hannu. "Tana da gaskiya, Baba. Ni nij ja mata."

Halliru ba mutumin rarrashi ba ne. Ya ɗauki tsinke ya ja layi biyu a ƙasa.

"In za ka ɗaura musu karkiya, wa ad dama?"

"Bokolo."

"Ka tabbata?"

"Haba Baba. Bokolo dama, Jatau hagu. Ko yaran da ka bin garma suna tsintar tsutsa sun san haka. Bara da damina ƙaya tat tsone ma Jatau idon dama, farin ya rufe. In ba ka matsa kusa ba ba ka ganewa, amma ba shi gani da shi ko kaɗan. In ka sa shi dama, makahon idon na waje, sai shi yi ta karo. Shi ya sa nim mai da shi hagu, makahon idon na wajen ɗan'uwanai, shi jingina da shi. Wata guda niy yi ina fama kafin su saba."

"Kafin idon fa?"

"Da Jatau ad dama. Haka nis same su."

Halliru ya shafe layukan da tafin hannu. Ya ce wa mai gari kada a bar kowa ya taɓa yaron nan, kada kuma a sake shi, domin zaman zauren ya fi masa lafiya.

*

Ranar Asabar da sassafe, yana ɗaure gorarsa zai kama hanyar Kebbe, ya hangi keke a jingine a bakin rafi. Shaihu Dogo ne ya iso. Mutum ne mai tsabta, mai taushin murya, irin waɗanda in suna karɓe maka abu sai ka ji kamar kai ne ka takura musu. Bai je turaku ba, bai nemi Sama'ilu ba. Yana cikin fadamar Ruƙayyatu yana taka ta daga iyaka zuwa iyaka, leɓensa na motsi. Gonar rakensa tana maƙwabtaka da ita, kuma gonar raken ba ta da rijiya.

Ruƙayyatu na tsaye a bakin rijiyar, guga a hannu.

"Malam Shaihu, kana taka min iri."

"Yi haƙuri, 'yar'uwa. Wallahi ban so haka ba. Amma ke kid dangwala, ba ni ba." Ya juyo ya ga Halliru. "A'a, Ɗangiwa! Kai anka sa? Kar ka wahal da tsufanka. Shanun ga sun kai Yawuri yanzu."

"Jiya ba mu gan ka ba," Halliru ya ce.

"Ina Sanyinna wajen awon gyaɗa. Da dare niji labari."

Halliru ya dubi ƙafar Shaihu. Sau-ciki ne na fata, sabo fil, bai gaya masa komai ba. Ya yi musu sallama ya wuce. Ruƙayyatu ta biyo shi da gudu ta danƙa masa ƙullin ƙuli-ƙuli da albasa biyu.

"Ba ni da abin biyanka sai albasa ta nuna."

"In ta nuna a hannunki, to," ya ce. "Koma ki tsare rijiyarki."

Tafiyar ta ci masa yini. Rana ta busar da ƙasa, iska ta fara cinye bakin sawun, wani wurin sai ya kwanta rub da ciki ya duba ta gefe kafin ya ga tsagar. Sau biyu ta ɓace masa a kan fako, sau biyu ya yi zagaye har ya tsince ta. Gwiwoyinsa suka yi ta ƙara, ya yi ta zaginsu, bai tsaya ba.

Saura kaɗan a shiga Kebbe hanyar ta bi ta bakin wani kwazazzabo da ke hannun dama. A nan sawun ya hargitse. Gaɓar ta zabtare, ga inda dabba mai nauyi ta gangara, ga inda ɗayar ta turje ta kafa ƙafa. A ƙasa ya iske jini ya bushe ya yi baƙi, da tumbi da aka zubar, ƙudaje sun rufe shi. Halliru ya tsaya a kai ransa ya ɓaci ƙwarai, domin ya sha ganin Jatau na jan garma, dabba ce mai haƙuri. Cikin wani kurmin geza, taku ashirin daga wurin, ya jawo karkiya, igiyar gefe ɗaya a tsinke.

Mahauci ɗaya ne a wannan gefen garin, sunansa Ɗan'iya. Halliru bai sha wahalar nemansa ba, domin jar fata na shanye a kan dangarsa, kuma daga bayan gida wani sa na ta kuka irin na wanda ya rasa abokin tafiya.

Ɗan'iya ya fara da rantsuwa tun ba a tambaye shi ba. Ya ce jiya da hantsi wani mutum ya zo ya ce sansa ya faɗa rami ya karye, ya riga ya yanka shi don kada ya mutu mushe. Ya saye shi fam shida. Mutumin ya bar masa farin san ajiya, ya ce bayan mako zai aiko. Sunan da ya bayar, Ɗan'iya da kansa ya ce bai yarda da shi ba. Fuska kuwa bai gani ba, amawali har hanci.

"San fam goma sha biyat kas saya fam shidda, ba ka tambayi fuska ba," Halliru ya ce. "To ka zaɓa. Ko ka jawo farin ga ka biyo ni Tambuwal da ƙafarka, ko 'yan doka su zo su taya ka."

Ɗan'iya ya zaɓi ƙafarsa.

*

Ranar Litinin farfajiyar alƙali ta cika. Rabin Tungar Atu sun zo. Sama'ilu na gefe ɗaya tare da mai gari, Arɗo Atiku na can ya dogara da sandarsa, Ruƙayyatu ta zauna ita kaɗai ba ta dubi ƙanenta ba. Halliru ya bar Ɗan'iya da Bokolo da karkiyar a bayan katanga, ya shigo hannu wofi, ƙafafunsa a kumbure.

Shaihu Dogo ya yi bayani mai daɗi. Ya ce jingina ta salwanta, mai cin bashi ba shi da komai, saura fam ashirin da biyu, don haka yana roƙon a yi wa fadamar mai lamuni kuɗi a ba shi.

Alƙali, wani tsoho mai ƙaramar murya, ya ce an gaya masa an sa mai bin sawu. Halliru ya gurfana.

"Allah shi gafarta Malam, na bi wani sawu, amma tsufa ya kama ni, ina tsoron ko na wasu shanu nib bi. Ina son wanda yas san su shi tabbatar min." Ya juya ga Shaihu da ladabi, abin da ya sa duk wanda ya san Halliru ya gyara zama. "Malam Shaihu, an ce kai kah hore su?"

"Da hannuna. Tun suna maruƙa."

"Ban da kai da Sama'ilu, akwai wanda yat taɓa ɗaura musu karkiya?"

"Babu. Ba su yarda da baƙon hannu."

"To sawun da nib bi, da karkiya anka kore su. Jan na dama, farin na hagu."

"Su na!" Shaihu ya ɗaga murya, har da nuna Sama'ilu da yatsa. "Jatau dama, Bokolo hagu, haka suka tafiya. Allah shi gafarta Malam, ka ji. Bafillace bai san wanga ba, ɓarawon hanya bai sani ba. Wanda yaɗ ɗaura su haka ya san su ciki da waje. Ga shi can zaune."

Bai rufe baki ba guna-guni ya tashi daga wajen mutanen Tunga. Wata tsohuwa ta ce da ƙarfi, "Jatau dama? Tun yaushe?" Aka fashe da surutu, sai da ɗan doka ya buga sanda.

Alƙali ya tambayi mai gari, mai gari ya faɗi zancen idon. Ya tambayi Liman, Liman ya ce shekara guda ke nan Jatau na hagu, gonarsa ma haka aka nome ta. Arɗo ba a tambaye shi ba, amma ya ce shi dai bai ga abin da ya kawo shi nan ba.

"Mutum biyu sunka san hannun shanun ga, da bakinka," Halliru ya ce, ladabin ya tafi. "Ɗaya ya san idon ya mutu, ba shi sa shi dama ko da wuƙa a wuya. Ɗayan rabonai da ganin su cikin aiki tun ran da yas sai da su. Sama'ilu na da karkiya a rumfa, gizo ya yi saƙa bisanta. Ɓarawon da tashi yaz zo. Wane ɓarawo ka zuwa sata da karkiya a kafaɗa, in ba wanda ad da ita a gida ba?"

Ya yi kira. Ɗan'iya ya shigo yana jan Bokolo, jar fata a naɗe a kansa, karkiya a hammata. Bokolo ya fizge igiya ya nufi Sama'ilu ya sa hanci a ƙirjinsa. Sama'ilu ya ga fatar, ya gane ta, ya rufe fuska.

"Ka sa makahon ido waje," Halliru ya ce wa Shaihu, "ka bi da shi bakin kwazazzabo."

Ɗan'iya ya ce shi fuska bai gani ba, amma muryar da ta ce "su na" yanzu, ita ce ta yi ciniki da shi.

Shaihu ya dubi dama ya dubi hagu. Taushin muryar ya gudu.

"To sai mi? Jinginata ta! Kayana niɗ ɗauka! Wa yat taɓa satar abin da anka jinginar mai?"

Alƙali ya bar shi ya gama, sannan ya ce, "Madalla. Ka ce jingina na hannunka. To mi kaz zo nema a fadamar matar ga?"



Hukuncin bai ɗauki lokaci ba. Alƙali ya ce mai lamuni katanga ce ta baya, ba a isa gare ta sai an wuce ta gaba. Wanda ya ɗauke jingina ya ɓoye don ya faɗa kan mai lamuni, ya warware lamunin da hannunsa. Ruƙayyatu ta fita, fadamarta tata ce. Jatau ya mutu a hannun Shaihu, don haka za a cire cikakken kuɗinsa, fam goma sha biyar, daga bashin, ba fam shidan mahauci ba. Zancen ɗaukar dabba a ɓoye da ƙarar ƙarya kuwa, wannan wata shari'a ce, Shaihu zai kwana a hannun 'yan doka kafin a zauna ta.

Ruƙayyatu ta sunkuyar da kai ta yi hamdala, kafaɗunta suka sauka. Halliru ya ja jiki ya jingina da bango ya miƙe ƙafafu, yana jin aikinsa ya ƙare.

"Saura fam bakwai," alƙali ya ce. "Bashi bashi na, ko na azzalumi. Sama'ilu, ko a sai da farin ga yau a biya, ko a jira ka zuwa kaka in kana da mai tsaya maka. Akwai?"

 Mutanen Tunga, waɗanda ranar Juma'a kowa ke da abin faɗi, duk suka sami abin kallo a ƙasa. Sama'ilu ya shafa wuyan Bokolo ya fara kwance igiyar daga hannunsa zai miƙa wa ɗan doka.

"Ni."

Halliru ya ɗago. Kwana uku ya yi yana jan ciki a fako don ya fitar da matar nan daga rami, ga ta tana gyara mayafi za ta koma. Ya buɗe baki zai yi masifa, ya ga fuskarta, ya rufe.

"Ruƙayyatu," alƙali ya ce, "kin ga abin da lamuni yaj ja miki."

"Na gani, Allah shi gafarta Malam. Wancan karon na dangwala ban san abin da nika ɗauka ba. Yanzu na sani. A rubuta, a karanta min in ji: sai an nemi Sama'ilu, sai an sai da sa, sai an share rumbunai, kana a zo ƙofata. Fam bakwai ɗai, ba fadama ba."

Magatakarda ya rubuta, ya karanta mata sau biyu domin ta ce a maimaita. Ta sa yatsa a tawada ta danna. Sannan ta taka har inda ƙanenta yake, karo na farko tun ranar Juma'a ta dube shi ido cikin ido.

"Yaya…" Sama'ilu ya fara.

"Abin da nic ce maka a zaure, na janye shi. Ni nif fi kowa saurin yarda kai na." Ta ɗauki igiyar ta mayar masa a hannu, ta naɗe yatsunsa a kai. "Tashi. Ruwa ya sauka, mutane na shuka. Mu tafi mu nemo ma Bokolo wanda za shi ja da shi."